Ranar da Norbert Ya Tsayar da Wasa

A layin da ke bayan tsohuwar masana'antar ƙarfe ta Lackawanna, kusa da birnin Buffalo, da abu biyu aka san Norbert Sikora: rashin magana, da wata jar hular ulu da ta girmi jikokinsa duka. Shekara ashirin ya yi a bakin tanderun narka ƙarfe, wurin da ko ka tsaga maƙogwaro na kusa da kai ba zai ji ba. Nan ya koyi magana da ka da yatsa, ya kuma dawo gida da halin. Da aka rufe masana'antar sai ya koma tuƙa motar 'yan makaranta. Akwai yaran da suka fara shiga motarsa da giɓin haƙori, suka bar ta suna aske gemu, ba su taɓa jin wata kalma daga bakinsa ba ban da "zauna".

Matarsa Loretta kuwa, Allah ya ba ta bakin mutum biyu, nata da nasa. Ita ce ma asalin mai son ƙwallo a gidan, irin ƙwallon nan da ake jefawa a cafe da hannu a ruga da ita. Tun tana da kitson yara biyu mahaifinta ke saɓa ta a wuya zuwa filin wasa na Buffalo, kuma ita ta zaunar da Norbert a farkon aurensu ta koya masa cewa dama huɗu ake ba ka ka ci yadi goma, in ka kasa ka miƙa wa abokan hamayya ƙwallo. Ya koya, ya kamu, har ya fi ta tsanani. Shi dai nasa a ciki yake ci.

Ranar wasa a gidansu tana da tsari, ba a taɓa shi. Coci da ƙarfe tara. A dawo Loretta ta ɗora ruwan pierogi, 'yan ƙulle-ƙullen fulawar nan masu dankali da cuku a ciki, ta soya albasa da man shanu har ƙamshin ya ratsa bango ya isa wajen Chester, maƙwabcinsu da suke raba gida ɗaya. Ƙarfe ɗaya saura minti biyar Norbert ya zauna a kujerar hagu, ya kafa hularsa. Daga nan wanda ya buga waya shi ya so.

Sai kuma doka ɗaya da ta fi sauran duka: ba a kallon wasan da aka riga aka buga. Wata shekara aikin Lahadi ya faɗo kansa, ƙanin Loretta ya naɗa masa wasan a kaset, ya kawo har gida yana murna, ya rantse ba zai faɗi yadda aka tashi ba. Norbert ya juya kaset ɗin a hannu ya mayar masa.

"Wannan ba kallo ba ne," in ji shi. "Ta'aziyya ce."

Loretta ta sha tsokanarsa a kan haka. "Wai kai gani kake in ba ka zauna da hular nan ba, ƙwallo za ta suɓuce musu?"

Can ƙasan ransa kuwa haka ya ɗauka. A wurinsa, in kana kallo daidai lokacin da suke can suna faɗuwa suna tashi cikin sanyi, to kana tare da su, kafaɗarka na cikin turin. In ka zo daga baya, ɗan kallo ne kai kawai. Da wannan hular ya zauna shekaru huɗun nan da 'yan Buffalo suka je wasan ƙarshe a jere suna dawowa hannu rabbana, bai kuma taɓa zargin hular ba.

Shekara goma sha tara ke nan da ciwon suga ya tafi da idanun Loretta. A hankali ya tafi da su, kamar mai rage fitila, har wata rana a ƙarshen bazara ta daina bambance taga da bango. Lahadin farko da aka dawo wasa, Norbert ya rage muryar talabijin ya kunna mata rediyo, don mai sharhin rediyo ya fi bayani. Ta saurara kamar minti goma sha biyar, ta laluba ta kashe.

"Wannan lissafi yake karanto mini. Norb, me kake gani?"

"Sun ci yadi uku."

"Wannan ai na ji. Cewa na yi me kake gani."

Ya daɗe yana duban akwatin. Can ya ce, "Iska na kaɗa tutocin zuwa hagu. Mai lamba saba'in da ɗaya yana ɗingisa ƙafa, amma ɓoyewa yake yi, ba ya so a fitar da shi."

"Yauwa," in ji Loretta, ta gyara zama. "Ci gaba."

Daga ranar bakin Norbert ya buɗe. Ba kullum ba, kar ku ɗauka wani sabon mutum ya zama. Awa uku ne a mako, daga Satumba zuwa Janairu. Amma a awa ukun nan, wayyo! Zai gaya mata tururin da ke fita daga bakin 'yan wasa, da mai horarwa da ya jefar da takardunsa, da wani ƙato a cikin 'yan kallo da ya tuɓe riga a tsakiyar ƙanƙara. Zai ce mata ƙwallon na sama, tana juyawa, tana juyawa, ita kuma ta damƙe hannunsa har sai ta sauka. 'Yarsu Paulette ta taɓa shigowa ana tsakiyar wasa, ta tsaya a soro da jakarta a hannu tana tambayar kanta wane baƙo ne a falon, sai da ta leƙa ta ga uban da ya haife ta ne.

A Nuwamban da ya wuce, yana kwashe dusar ƙanƙara a ƙofar gida, shebur ya faɗi daga hannunsa na dama, shi ma ya bi shi. Chester ne ya gan shi ta taga. Mako biyu ya yi a asibiti da shanyewar ɓarin jiki. Ƙafa ta dawo, hannu ya dawo rabi, harshe ne ya ƙi. Kalmomin na nan cikin kansa a jere, tsaf, amma kowace sai ya jawo ta da ƙarfi, kamar mai fito da mota daga laka.

Wasan farko bayan sallamarsa, ya zauna, ya kafa hula, ya fara. Kafin ya gama cewa an jefa ƙwallo, an cafe, an kayar da mai cafewar, an sake jeruwa. Ya bi su, suka tsere masa. Chester ya kurma ihu ta bayan bango a kan abin da Norbert bai ma iso ba. Gumi ya jiƙa bakin hular. Loretta ta lalubo gwiwarsa ta dafa.

"Huta, Norb. Kunna mana rediyo."

Don tausayi ta faɗa, ya sani. Ya kunna. Wasa uku suka yi haka, shi da hula a gwiwa, ita da hannu a cinya, wani mutum daban yana zuba a tsakaninsu. Bai gaya wa kowa ba, amma abin da ke cinsa ba hannun ba ne, ba kuma sandar da aka ba shi ba. Aikin nan ɗaya da yake yi wa matar da babu mai yi mata sai shi, shi ne ya ga yana fita daga hannunsa.

Sai ga 'yan Buffalo sun samu shiga wasannin sili-ɗaya-ƙwale, inda ba a cewa sai mako mai zuwa: ka faɗi, ka naɗe kayanka sai wata kakar. Aka sa nasu ranar Lahadi, ƙarfe ɗaya na rana, a gida.

Ranar Asabar Paulette ta zo da cefane da shawara. Tun yana asibiti ta fitar da tsohon akwatinsu mai ƙaton ƙeya, ta kafa musu wani siriri a bango mai ɗauko tashoshi ta intanet, Norbert kuwa har yanzu hararar rimot ɗin yake yi.

"Ku zo gidana gobe, Mama. Kowa zai zo, ga fukafukan kaza, ga yara. In sa miki na'ura a kunne ki ji sharhi ras, Baba kuma ya huta."

"In zo in ji surukina yana koya wa alƙalin wasa aiki da baki cike da kaza? Na gode. Uwarki ta makance, ba ta kurumce ba."

"Baba, kai ka yi mata magana mana."

Norbert ya ɗaga kafaɗa.

"To shi ke nan, tsofaffin rigima. Bari in sake nuna maka, kar gobe ka kira ni ana tsakiyar wasa. Wannan na kunnawa. Wannan tashar. Wannan na tsakiyar kuma, in za ka zaga bayi, danna shi, komai zai tsaya cak. Ka dawo ka sake dannawa, ya ci gaba daga inda ka bari."

Ta danna. Mai karanta labarai ya daskare da baki a buɗe.

"Kai!" in ji Loretta da aka gaya mata. "Ina ma akwai irinsa na Chester."

Norbert bai yi dariya ba. Ya dubi mutumin da ya daskare, ya ture rimot ɗin da bayan hannu.

"Ba na... kallon... abin da... ya wuce."

"Minti biyu ne fa, Baba."

"Ko... ɗaya."

Paulette ta dubi silin, ta sumbaci uwarta a ka, ta tafi.

Lahadi ta waye da dusa tun asuba. Suka je coci, Chester ya kai su a motarsa ta ɗaukar kaya, yana ta lissafa musu waɗanda ya kamata a kora daga ƙungiyar ko an ci ko ba a ci ba. Loretta ta dafa pierogi da lalube, yadda ta saba, ba ta taɓa ƙona albasa ba. Ƙarfe ɗaya saura biyar Norbert ya zauna, ya kunna talabijin ba murya, ya kunna rediyo. Hular ya ajiye a gwiwa.

Ba a jima ba ya lura da wani abu. A wasannin baya kansa a sunkuye yake yawanci, bai kula ba. Yau da ya zuba ido, sai ya ji mai rediyo yana ihu an cafe, an cafe a yadi na talatin, alhali a bangon gabansa mai jefawar bai ma karɓi ƙwallon ba. Ya ƙirga a zuci. Sai da ya kai arba'in kafin hoton ya iso inda muryar ta baro. Ya sake ƙirgawa a karo na gaba. Arba'in da biyu.

Ashe sabon akwatin nan a baya yake tafe. Ashe tun da aka sallamo shi, abin da ya wuce yake kallo. Can a filin, mil kaɗan daga kujerarsa, sun riga sun faɗi sun tashi sun share fuska kafin ya ga an jeru. Dokar da ya riƙe shekara hamsin ta karye tun makonni, ba wanda ya nemi izininsa, sama kuma ba ta faɗo ba.

Ya juya zai gaya wa Loretta, sai ya tsaya yana dubanta. Ta jingina da kujera, hannuwa a haɗe, fuskarta ta karkata wajen taga. Ba haka take zama ba. Da a bakin kujera take, gwiwa na rawa. Yanzu kamar mai jiran layi a asibiti. Mai rediyo na ta zubo lambobi, sai ya ji ta ce a hankali, ba da shi take ba, ba ma da kowa ba:

"Ko dusar na sauka a can?"

Rediyo ya ci gaba da lissafinsa.

Norbert ya miƙa hannun hagu ya murɗe shi. Falon ya yi tsit. Ya ɗauki rimot, ya nemo maɓallin tsakiya da babban yatsa, ya daɗe a kansa, sannan ya danna. Mutum ashirin da biyu suka daskare cikin farin fili.

"Me ya faru? Wuta ce?"

"Tana... sauka," in ji shi. "Manya-manya. A... miƙe. Ba iska."

Loretta ta juyo da fuskarta daga wajen taga.

"Layukan... sun rufe. Wani... yana share su... da tsintsiya. Ya tsaya... ƙafa ɗaya... a sama."

"Ƙafa ɗaya a sama? Norbert Sikora, tsayar da wasan ka yi?"

"Na... tsayar."

"Kai ɗin?"

Ya ɗauki hular ya kafa a ka. Ta ji motsin, don ta san ƙarar ulun nan a kan sanƙonsa. Ta matso bakin kujera.

"To saki mutumin ya sauke ƙafarsa, kar ya gaji."

Haka suka yi ta. Ya saki, ya kalla, ya tsayar, ya faɗa. Wasan daƙiƙa shida sai ya ci masa minti biyu. Wata kalmar ta maƙale, ya yi ta kokawa da ita, Loretta kuwa, matar da ba ta taɓa barin wani ya ƙarasa zance ba tun da aka haife ta, ta kama bakinta ta jira. In ƙwallo na sama sai ya tsayar da ita a can, ya ce tana sama, ta damƙe hannunsa mai rauni, ya bar ƙwallon a rataye har sai ta ce, "Don Allah sauke ta, mugu!"

Ta bayan bango Chester na can wani zamanin daban. Ya yi ihun murna suna tsakiyar shiru, ya zagi alƙali suna cikin dariya.

"Rabu da shi," in ji Loretta. "Kullum gaggawa, shi ya sa ya tsufa kafin kai."

Duhun hunturu ya fara sauka wajen ƙarfe huɗu, su kuwa ko da suka tsallake hutun rabin lokaci, yanzu suka shiga kashi na uku cikin huɗu. 'Yan Buffalo na gaba da maki huɗu. Norbert na cikin ba ta labarin wani ɗan wasa da ya zame ya tafi da ciki kamar yaro a kan tudu, sai bangon ya yi shiru. Shirun ya yi tsawo.

Shekara talatin suna raba bango da Chester, sun san shi kamar tafin hannu. In an ci, da gudu yake fita ya danne hon ɗin motarsa har sai karnukan layin sun amsa. In an sha kashi, ba ya cewa uffan. Shebur yake ɗauka ya kwashe dusar gaban gidan, nasa da nasu, ko da ya riga ya kwashe da safe.

Suka ji ƙofarsa ta buɗe. Suka jira hon.

Sai ƙarar ƙarfe a kan siminti. Ƙurrr. Ƙurrr.

Norbert ya ajiye rimot a hannun kujera. A bango, 'yan wasansu na daskare suna rungumar juna, ba su san abin da ke jiransu ba. Abin da ya guda duk rayuwarsa ke nan: zama gaban wasan da ya mutu. Ga shi kuma harshensa ya yi nauyi kamar an ɗaura masa dutse, kuma saura kashi ɗaya da rabi.

"Kin... ji," in ji shi.

"Na ji."

Wayar gidan ta ɗauki ƙara. Loretta ta laluba ta ɗaga, muryar Paulette ta fito a raunane: "Mama, kun ga yadda..."

"Ke, rufe mini baki. Mu nan muna gaba da maki huɗu." Ta kife wayar.

Ta juyo wajensa, idanun nan da ba sa ganin komai suka sauka daidai fuskarsa, yadda suka saba.

"Ji na yi, Norb. Ban gani ba. In ka gaji mu bari, ba komai. In ba ka gaji ba, ina so in gani."

Ya sha ruwa. Ya gyara hular. Ya ɗauki rimot.

Bai rage mata komai ba. Ya gaya mata yadda tazarar ta narke, abokan hamayya suka ci maki uku, sannan bakwai. Ya gaya mata jifan ƙarshe, saura daƙiƙa tara, ƙwallo ta tashi cikin dusa har ta kusa ɓacewa. A nan ya tsayar da ita, ya daɗe bai saki ba, ita ma ba ta ce ya sauke ba. Suna zaune hannu cikin hannu, shebur na ta ƙurrr a waje. Can ya danna. Ƙwallon ta taɓa yatsun mai cafewa, ta zame, ta faɗi cikin fari.

Loretta ta share ido da gefen rigarta, kamar yadda ta yi a Janairu da yawa kafin wannan. Pierogi ya daɗe da sandarewa a faranti. Ƙarfe bakwai ta wuce, ko'ina a garin an wanke kwanuka an kashe zancen.

Norbert ya kai yatsa zai kashe.

"Tukuna," ta ce. "Yaron da ta zame masa, yana ina?"

"A... benci. Tawul... a ka."

"Shi kaɗai?"

Ya duba da kyau. "Wani... babba... ya zo. Ya zauna... kusa da shi. Bai ce... komai ba."

"Irinka ke nan." Ta jingina kanta da kafaɗarsa. "Faɗa mini har su fita."

Ya ci gaba da faɗa mata, kalma ɗaya bayan ɗaya, har na ƙarshensu ya shige ƙofar, aka bar fili da dusa da masu shara.